Keke da safe, turmi da rana: yadda za ka zaɓi yawon yini ɗaya a ƙauyukan Chiang Mai

Duk wanda ya sauka a Chiang Mai, babban birnin arewacin Tailan, ba zai kwana biyu ba sai ya ci karo da tallan nan: a ɗauke ka daga masauki da safe, ka hau keke ka ratsa ƙauyuka da gonakin shinkafa, daga nan a koya maka girkin abincin ƙasar, ka ci abin da hannunka ya dafa, a mayar da kai kafin magariba. Hotunan tallan kamar an haɗa baki, koriyar gona, baƙi sanye da hular kaba, kasko yana tashin wuta. Kuɗin ma ba su cika nisa da juna ba. Sai ka biya ka fita za ka gane ba abu ɗaya ake sayarwa ba.

Sana'a biyu ce aka haɗa a farashi ɗaya, kuma da wuya ka sami kamfanin da ya ƙware a duka biyun. Akwai masu yawon keke da suka ƙara girki don su cika yini. Akwai makarantun girki da suka sayi kekuna suka jingina a gindin bishiya don tallan ya ƙara armashi. Kafin ka tambayi kuɗi, bincika wanne ne asalin sana'ar mai tallan.

Gane su ba wuya. Mai keke na gaskiya zai tambaye ka tsawonka tun kana yin rajista, saboda ya ware maka keken da ya dace da kai. Zai faɗi kilomita nawa za a yi, ya ba da hular kwano, jagoransa kuma yana ɗauke da kayan faci da na taimakon gaggawa, wani lokaci har da mota mai bin ayari a baya don kwasar wanda ya gaji. Kekunansa masu giya ne, giyar hawa tudu nake nufi, ba ta kwalba ba. Sai dai in an zo girki, sau da yawa kallo ne ya fi yawa: wata uwar gida ta dafa, ku kuna miƙa mata kayan haɗi, a ce an yi darasi. Makarantar girki kuwa za ta tambaye ka abin da ba ka ci, ta turo maka jerin abincin da za ka zaɓa, ta ba kowa murhunsa da kaskonsa da wuƙarsa. Kekenta kuma na zuwa cefane ne, mai kwando a gaba, a ɗan zaga ƙauye a dawo kafin gumi ya keto.

Babu laifi a ko wanne, in dai ka san abin da ka saya. Wanda ya shekara goma rabonsa da keke, ko mai tafe da yara, zagayen makarantar girki ya ishe shi. Wanda ƙafarsa ta saba, ya zo ne don ya ga ƙasa, zai ji an cuce shi in aka ce masa an gama bayan rabin awa.

Ta fuskar hanya, Chiang Mai tana cikin kwarin kogin Ping ne, duwatsu sun kewaye ta. Kudu da gabas shimfiɗe suke. Wajen Saraphi akwai kangon tsohon birnin Wiang Kum Kam, inda Sarki Mangrai ya zauna kafin ya kafa Chiang Mai a 1296, ga gonakin wani ɗan itace mai zaƙi da suke kira lamyai, ga tsohuwar hanyar Lamphun da dogayen itatuwanta da suka haura shekara ɗari. Wajen San Kamphaeng da Doi Saket gonakin shinkafa ne da magudanan ruwa, da ƙauyen Bo Sang da ya yi suna wajen yin laimar takarda. Arewa kuwa, Mae Rim da Mae Taeng, sun fi kyan gani amma ƙasar ta fara tashi, in ka ga tallan yana ambaton su to ka tambayi yawan hawa, kada ka tsaya ga yawan kilomita. A ganina kilomita 15 zuwa 25 a shimfiɗaɗɗiyar hanya shi ne daidai ga wanda zai tsaya a gaban murhu awa uku bayan haka. Fiye da haka, za ka riƙe taɓarya hannu yana rawa.

Ka kuma duba wanne ake fara yi. Keke da safe, girki da rana, shi ne tsarin da hankali ya ɗauka. Wasu suna juya shi, kuma wanda ya taɓa cin tuwo ya ƙoshi sannan ya hau keke da azahar ya san abin da nake gudu.

Yanzu ga inda maganar ta fi nauyi ga Musulmi, wato kicin. Abincin arewacin Tailan yana da alade sosai. Tsiren hanjin da suke kira sai ua, miyar kaeng hang le, yajin nam phrik ong, soyayyar fatar da ake ci da shi, duk da alade ake yin su. Kasuwar da za a kai ku cefane kafin darasi ma za ka gan shi a rataye. Yawancin makarantun girki da kaza da jatan lande suke koyarwa saboda baƙi, amma kazar kasuwa ba ka da tabbacin yankan Musulmi ce, kaskon kuma ba ka san abin da ya soya jiya ba. Saboda haka kada ka wadatu da kalmar "ba matsala" a saƙo. Yi tambaya ɗaya bayan ɗaya: ana dafa alade a wannan kicin ko ba a yi? Da man gyaɗa ko na waken suya ake suya, ko da kitse? Romon da ake zubawa a miya, na ƙashin me ne? Wannan ta ƙarshen ita ce mutane suka fi mantawa.

Mafita uku ce, kuma ba darajarsu ɗaya ba. Mafi sauƙi, ka ce a yi maka komai da kifi da jatan lande da awara. Awara dai tamu ce da muka sani, su ma abincinsu ce ta yau da kullum, a cikin taliyar pad thai ma da ita ake yi. Ruwan kifin da suke kira nam pla, da kapi, wato daddawarsu ta jatan lande mai wari kamar tamu, duk daga ruwa suka fito, a mazhabar Malikiyya kuma abin ruwa halal ne. Ta biyu, ka nemi makarantar da ba ta dafa nama kwata-kwata, akwai su a garin, nan zancen kasko ya ƙare. Ta uku, ka ɗauki darasi na kai kaɗai ko na iyalinka, ka roƙi a sayo kaza mai tambarin halal, wanda Majalisar Musulunci ta ƙasar take bayarwa, ana samunta a manyan kantuna. Wannan ta fi tsada, amma ita ce za ta ba ka damar dafa khao soi yadda ya kamata, taliya a cikin romon madarar kwakwa da kaza, an barbaɗa soyayyar taliya a sama. Abin sha'awa, ana danganta wannan abincin da Musulmin da suka gangaro daga Yunnan ta ƙasar Sin da fatauci, jikokinsu suna nan a unguwar Masallacin Ban Haw kusa da kasuwar dare. Kada ka sa yawon kekenka ranar Juma'a. Je can da safe ka ci kasuwarsu ta Juma'a, ka yi salla, ka ɗanɗani khao soi na asali don ka san abin da za ka gwada naka da shi. Kalmomi uku kuma su zauna a bakinka: "mai sai mu", ma'ana kada a sa alade.

Bayan halal, abin da ke raba darasin kirki da na wasa shi ne turmi. Miyar kari ta Tailan daga daka take farawa: barkono, tafarnuwa, ƙananan albasa, wani ɗan'uwan citta da ake kira galangal, ciyawar nan mai ƙamshin lemun tsami da muke sa wa shayi, ɓawon wani lemun tsami mai kurzunu, da kapi, a kirɓa su a turmin dutse har su yi laushi. Makarantar da ta miƙo maka haɗin a leda ta rage maka rabin ilimin. Tambayi kuma mutum nawa ne a aji. In an wuce goma ko sha biyu ga malami ɗaya, wanda ke can ƙarshe kwaikwayon na kusa da shi kawai yake yi. Yawanci ana dafa kala huɗu zuwa shida, a ƙare da shinkafa mai danƙo da mangwaro da madarar kwakwa, a ba ka ɗan littafin girki ka tafi da shi. Ni dai na fi son kala huɗu da aka yi a natse a kan shida da aka yi a guje. Ka kuma zaɓi abin da za ka iya maimaitawa a gida. Pad thai da tsamiya ake yin miyarta, som tam kuwa ɗanyar gwanda ce da gyaɗa da barkono da lemun tsami, babu wanda zai gagare ka samu. Mai rashin jituwa da gyaɗa ko jatan lande ya faɗa tun kafin ya biya.

Lokacin zuwa yana iya ɓata komai. Daga Nuwamba zuwa farkon Fabrairu iska tana da sanyi, sama garau, a nan ne kuma baƙi suka fi yawa, sai ka kama wuri da wuri. Daga ƙarshen Fabrairu zuwa Afrilu ana ƙone gonaki da daji, hayaƙi ya cika kwarin har dutsen Doi Suthep da ke bayan gari ya ɓace wa ido. Kamar hazon hunturu yake, sai dai wannan hayaƙi ne, mai tuƙa keke kuma shi ya fi kowa shaƙarsa. A Afrilu zafi yana kusantar digiri 40, daga 13 zuwa 15 ga watan kuma bikin Songkran ne, wato sabuwar shekararsu ta gargajiya, duk wanda ya fito titi sai an kwara masa ruwa. Damina, daga Yuni zuwa Oktoba, ita ce lokacin koriyar gonar da ka gani a hoton talla. In ka je a Janairu mai yiwuwa karan girbi za ka tarar a wurare da yawa. A damina ka tambayi abin da ake yi in ruwa ya sauko: a fasa a mayar da kuɗi, ko a raba rigar leda a ci gaba.

Wanda kasuwanci ya kai shi Bankok, ba shi da kwanakin da zai yi tafiyar kilomita 700 zuwa arewa, yana da Bang Krachao, wani yanki mai itatuwa da lambuna a lanƙwasar kogin Chao Phraya, a jirgin ruwa ake tsallakawa. Babu tudu ko ɗaya, ranakun Asabar da Lahadi kuma kasuwar Bang Nam Phueng tana ci. Sai dai wasu hanyoyin siraran gadoji ne na siminti a kan ruwa, wasu ba su da makari a gefe. Wanda hannunsa ba ya tsayawa a kan keke ya nemi jagora ya bi da shi ta manyan hanyoyi.

Wajen biya, shafuka irin su Klook da GetYourGuide da Viator suna da amfani don karanta ra'ayin waɗanda suka riga ka, da yawa daga tafiye-tafiyen kuma ana iya fasa su kwana ɗaya kafin lokaci. Amma ba shafin ne zai dafa maka abinci ba. Nemo sunan kamfanin, ka yi magana da su kai tsaye, amsar da suka ba ka a kan alade da romo ta zama a rubuce. Tambayi lambar lasisinsu ta hukumar yawon buɗe ido da inshorar haɗari, ka tabbatar ko kuɗin ya haɗa da ɗauko ka daga masauki, domin wasu iyakarsu tsohon garin Chiang Mai da kewayensa.

Akwai kuma hanyar da masu tallan ba za su faɗa maka ba: ka raba abin gida biyu. Yau ka bi kamfanin keke zalla na rabin yini, gobe ka shiga makarantar girkin da ka gamsu da kicinta. Mai kwana uku ko fiye a garin, wannan nake ba shi shawara. Haɗin yini ɗaya na mai gaggawa ne, shi kuma ya fifita makarantar girki ta gona mai ɗan zagayen keke, tunda gajeren zagaye ba ya cutar da kowa, kicin da ba ka amince da shi ba kuwa yunwa zai bar ka da ita.

Ranar fita, ka tuna a Tailan hannun hagu ake bi, saɓanin Najeriya da Nijar, kuma a mahaɗar hanya ne hannu yake komawa inda ya saba. Gwada birki kafin ka tashi, ka san wanne ne na gaba. Karnukan ƙauye suna da yawa, in sun biyo ka kada ka ƙara gudu, ka rage ka bi bayan jagora. Mace mai doguwar riga ta nemi keke marar sandar tsakiya, ta sa wando a ciki ta tattare gefen rigar don kada sarƙa ta kama. Za a tsaya a wurin ibadar mabiya Buddha ko sau ɗaya ne, mai shiga zai cire takalmi ya rufe kafaɗa da gwiwa, wanda ba ya so kuma ya jira a inuwa, babu mai tilasta masa. Sa ƙaramar darduma a jakarka, a gonar da ake girki ba a rasa ruwan alwala da wuri mai tsabta.