Kundin Judi Dench na BBC: daga 'ya zuwa uwa a wasa ɗaya

Yawancin masu kallo a wajen Birtaniya sun san Judi Dench ne a matsayin M, shugabar ma'aikatar leƙen asiri a finafinan James Bond, wadda ta fara fitowa a cikinsu a 1995 tana da shekara 60 a duniya. Kundin faya-fayan DVD da BBC ta fitar a 2007 mai suna The Judi Dench Collection ya tattara abin da ta yi tun kafin wannan suna ya same ta, wato wasannin talabijin na tsakanin 1962 da 1991, aka kuma haɗa da wasu na rediyo.

Abin da ya fi komai daraja a kundin shi ne an saka wasan The Cherry Orchard na marubucin Rasha Anton Chekhov har sau biyu. A na 1962, wanda aka ɗauko daga dandamalin kamfanin Royal Shakespeare, Dench ce Anya, 'yar autar gidan, Peggy Ashcroft ce uwarta, John Gielgud kuma kawunta. A na 1981, wanda Richard Eyre ya ba da umarni, ita ce ta zama uwar, wato Ranebskaya, matar da bashi ya cinye mata gonar gado. Duk wanda ya sayi kundin, ina ba shi shawara ya kalli ƙarshen kashi na uku a duka biyun, ɗaya bayan ɗaya. Labari ya iso cewa an sayar da gonar a gwanjo, uwar ta zube a kan kujera tana kuka, 'yar kuma ta durƙusa a gabanta tana lallashi da alkawarin za su dasa wata sabuwa. A na farko Dench ce mai lallashin, muryarta cike da zumuɗin yarinyar da ba ta san zafin asara ba. Bayan shekara 19 ita ce a kan kujerar, kuma a fuskarta kaɗai mai kallo zai gane cewa ba ta gaskata alkawarin ba ko kaɗan.

Na biyu a daraja shi ne Talking to a Stranger na 1966, wanda John Hopkins ya rubuta kashi huɗu, inda ake maimaita abin da ya faru a gida ɗaya cikin 'yan kwanaki ta bakin 'ya, da uba, da ɗa, sannan uwa. Dench ta fito a matsayin Terry, 'yar da ke fakewa da surutu da baƙar magana don kada a ga tsoron da ke ranta, kuma wannan fitowa ce ta kawo mata lambar yabo ta BAFTA. Wasa ne mai nauyi da dogon zance, ba na mai gaggawa ba.

Wasannin rediyon kuwa kada a ɗauke su a matsayin gyara, musamman Amy's View na David Hare, wanda ta fara yi a dandamalin National Theatre na Landan a 1997, ta kuma ci lambar Tony da shi a Amurka a 1999. Da babu hoto, sai kunne ya kama 'yar dishewar nan ta muryarta da yadda take jinkirta kalma kafin ta sake ta.

Akwai giɓi, domin kundin na ajiyar BBC ne kawai. Babu wasan Macbeth na Shakespeare da ta yi da Ian McKellen a dandamali a 1976, saboda tashar talabijin ta Thames ce ta ɗauke shi daga baya, ba BBC ba, haka nan babu wasan barkwancin A Fine Romance da ta yi da mijinta Michael Williams. Hoton wasannin shekarun 1960 baƙi da fari ne, an kuma ɗauke su a cikin ɗakin shirye-shirye, saboda haka wanda idonsa ya saba da hoton zamani sai ya ɗan yi haƙuri na mintocin farko kafin ya daina lura.