Tsohuwar kyamarar masu hawa duwatsu: wacce za ka saya?

Da yawa daga finafinan farko na gandun dajin Amurka, irin su Glacier da Yellowstone, kamfanonin jirgin ƙasa ne suka biya kuɗin ɗaukarsu don su jawo fasinja. Manyan kyamarori ake ɗora wa dawaki a hau da su. Da Kodak ta fito da fim mai faɗin milimita 16 a 1923 ne ɗan yawon buɗe ido ya samu abin da zai rataya da kansa. Kyamarorin nan har yau ana cinikinsu a kasuwar intanet ta eBay, kuma uku ne suka fi jan ido.

Cine-Kodak ta farko, ta 1923, da hannu ake juya ta, kuma sai an kafa ta a kan ƙafafu. Ta ado ce. Idan ɗaukar fim kake nufi, wuce ta.

Filmo 70 ta Bell & Howell ƙarfe ce zalla, wani ake mata kamar agogo. Tana da nauyi, amma ba ta jin wahala, kuma yawanci ta fi ta ukun, wato Bolex, araha. Sai dai ba ta cikin gilashin ɗauka kake leƙawa ba, don haka abin da idonka ya gani zai ɗan saɓa da abin da ya hau fim.

Ni dai Bolex H16 zan ɗauka, 'yar Suwizalan da ta fito a 1935. Gilasai uku take ɗauka a kan faifai mai juyawa: na nesa don ƙolin dutse, mai faɗi don kwari. Idan aka mata wani sau ɗaya, ba ta kai daƙiƙa 30 tana ɗauka, ga shi naɗin fim mai tsawon ƙafa 100 ba ya cika ko minti uku a hoto 24 cikin daƙiƙa. Sanyin dutse kuma yana daskarar da tsohon mai, injin ya riƙa ja da baya, saboda haka tambayi yaushe aka mata sabis.

Kafin ka biya, sa mai kaya ya buɗe ƙofar ya nuna maka haƙoran da ke jan fim. Tsofaffin suna da haƙora gefe biyu, alhali yawancin fim na yanzu gefe ɗaya aka huda, za su yayyaga shi. Kada kuma a ruɗe ka da tsohon fim ɗin Kodachrome da ba a taɓa ba: tun 2010 aka daina wanke shi da launi. Fim ɗin Ektachrome 100D ne ake samu sabo.