Yawon fatalwa a Suwidin: wanne zaka biya, wanne zaka ƙyale

Duk wanda ya sauka Stockholm, ko karatu ne ya kawo shi ko taro ko ziyarar 'yan uwa, in dai ya buɗe shafukan yawon buɗe ido irin su GetYourGuide ko Tripadvisor yana neman abin yi da yamma toh sai ya ci karo da tallan yawon fatalwa a Gamla Stan, wato tsohon gari. Hoton kusan iri ɗaya ne, wani mutum da baƙar alkyabba riƙe da fitila a cikin lungu. 'Yan ƙasar spökvandring suke ce masa. Matsalar ita ce yawancin tallan suna haɗa abu biyu a layi ɗaya, wai labaran fatalwa da kuma almarar gargajiyar Suwidin, alhali abubuwan nan biyu ba gidansu ɗaya ba, kuma in baka tantance wanne kake so ba tun kafin ka sa katinka toh zaka dawo masauki kana ƙunƙuni.

Bari in fara da wanda aka fi sani, yawon dare na rukuni a Gamla Stan. Yawanci awa ɗaya da rabi ne ko kusa da haka, ana haɗuwa a wani dandali, jagora ya fito cikin kayan mutanen da, ku bi shi lungu lungu. Gaskiyar magana abin da ake sayar maka anan tarihin jini ne da aka yi wa ado da wasan kwaikwayo, fatalwar kaɗan ce. Kuma fa garin yana da jinin da za a ba da labari, ba sai an ƙirƙira ba. A dandalin Stortorget za a tsayar da ku a baku labarin Nuwamban 1520, lokacin da sarkin Denmak Christian na biyu ya ci garin, ya yi alƙawarin afuwa, aka naɗa shi aka kwana uku ana shagali, sannan ya sa aka kulle ƙofofin fada aka fito da manyan gari aka dinga fille musu kai a wannan dandalin, bishop biyu aka fara da su, mutum 80 da wani abu suka tafi. Cikin waɗanda aka kashe har da mahaifin Gustav Vasa, wanda daga baya ya kori 'yan Denmak ya hau mulki ranar 6 ga Yuni 1523, ranar da har yau ita ce ranar ƙasa a Suwidin.

Anan ne zaka gane jagoran kirki da na bogi. Akwai wani jan gida a dandalin mai fararen duwatsu kewaye da tagogi, ana cewa wai kowane dutse kan mutum ɗaya ne cikin waɗanda aka kashe, haka kuma akwai harsashin igwa maƙale a kusurwar wani bango da ake cewa wai sarkin aka auna da shi aka kuskure. Duka biyun almara ce, fuskar gidan nan sai bayan fiye da shekara 100 da kisan aka yi ta, harsashin ma daga baya aka dasa shi. Jagoran da ya san aikinsa zai baka almarar da daɗinta sannan ya ce maka amma fa ga abin da masana tarihi suka ce. Wanda ya haddace takarda kawai zai rantse maka haka aka yi. Don haka kafin ka biya ka leƙa sharhin waɗanda suka je, ba taurarin zaka duba ba, ka nemi masu dogon rubutu, in kaga ana yawan cewa "mun sha dariya, ya tsorata mu" kawai babu mai cewa ya ƙaru da wani abu, ka san ɗan wasa zaka samu ba malami ba. Ba laifi bane in nishaɗin kake so, ni dai ina gaya maka ne.

Daga nan sai lunguna. Prästgatan ne lungun da ni a ganina ya fi kowanne dacewa da dare, dogo ne shiru babu shaguna sosai, kuma ƙarshensa na arewa a da Lungun Jahannama ake ce masa, nan haunin gari yake zama, mai sare kawunan mutane kenan, wanda ba mai son maƙwabtaka da shi. A kusurwar da ya haɗu da Kåkbrinken in jagora ya ɗaga fitila zaka ga wani dutse mai rubutun mutanen Viking an gina shi cikin bangon gida, ya girmi garin kansa, mutane na wuce shi da rana ko kallo basa yi. Sai Mårten Trotzigs gränd, lungun da ya fi ko wanne ƙunci, santimita 90 ne a inda ya fi matsewa, matakala ce kuma, in ku talatin ne a rukunin toh na gaba sun gama jin labari kai kana can baya kana kallon ƙeyar wani. Wannan shi ne babban dalilin da yasa nake cewa ka tambayi adadin mutane kafin ka biya. Rukunin da ya wuce mutum ashirin a lungunan nan asara ce, musamman in Turancin jagoran yana da nauyin harshe kuma iska na kaɗawa.

Fatalwar gaske da zaka ji a wannan yawo ta fadar sarki ce. Tsohuwar fadar Tre Kronor ta ƙone a 1697, aka gina wannan ta yanzu mai ɗaki sama da 600, kuma ana cewa akwai wata Farar Mace da bata bayyana sai in wani a gidan sarauta ya kusa mutuwa, da wani tsoho mai tufafi ruwan toka. Kar ka ɗauka talakawa ne kawai ke wannan zance, a 2017 Sarauniya Silvia da bakinta ta faɗa a wani shirin talabijin cewa fadar Drottningholm inda suke zaune akwai fatalwowi, amma wai masu kirki ne. Wasu jagororin kuma su ƙara da annobar 1710 da ta kwashe wajen kashi ɗaya cikin uku na mutanen garin, da harbin Sarki Gustav na uku a wurin rawar rufe fuska a 1792, da Axel von Fersen, wani babban bafade, da jama'a suka yi wa taron dangi har lahira a 1810 kusa da Riddarhuset, zauren taron masu sarauta, sojoji na tsaye suna kallo.

Akwai nau'in da ake haɗa yawon da cin abincin dare a wani tsohon ɗakin ƙarƙashin ƙasa. Ya fi tsada nesa ba kusa ba, kuma ga ɗan uwa Musulmi sai an yi hattara don abincin irin waɗannan wurare bai cika rabuwa da naman alade da giya ba, in ma zaka je toh ka rubuta musu tun da wuri ka ce kifi ko ganye. Ni dai shawarata ka biya na tafiyar zalla, ka ci abincinka inda ka yarda da shi. Sai kuma wanda ake tallatawa wai kyauta ne, ba kyauta bane malam, a ƙarshe ake miƙa ɗan ihsani kuma jagoran da shi yake rayuwa, sannan rukuninsu ya fi cika. Ka tuna Suwidin tsabar kuɗi ta kusa ɓacewa, komai kati ne, Swish ɗin da 'yan gari ke tura kuɗi da shi kuwa sai mai asusun banki a ƙasar.

Toh in kuma almarar gargajiya kake nema, wato halittun da kakanninsu suka yarda da su, Gamla Stan ba wurinta bane sam, don waɗannan halittu 'yan ƙauye ne, na daji da rafi da garken shanu. Akwai tomte, ɗan guntun tsoho mai gadin gona, wanda daren Kirsimeti ake ajiye masa kunu mai kauri da man shanu a kai, in aka manta man toh sai ya huce a kan dabbobin gida. Akwai näcken da ke zama cikin rafi yana kaɗa goge har mutum ya biyo sautin ya nutse. Akwai skogsrå, kyakkyawar mace ta gaba, in ta juya baya sai kaga rami kamar ruɓaɓɓen itace, mafarauta da masu ƙona gawayi take yaudara. Akwai mara mai hawa ƙirjin mai barci ta danne shi ya kasa motsi, mu dai mun san wannan, dannau ne ba wani ba. Wanda ya fi taɓa zuciya shi ne myling, fatalwar jaririn da uwarsa ta kashe a ɓoye don gudun abin kunya da hukunci, yana ɗarewa bayan matafiyi da dare ya ce a kai shi maƙabarta, ana tafiya yana ƙara nauyi. In ka lura labarin ba na tsoro bane kawai, yana nuna maka halin da 'yan matan da suka yi ciki ba aure suke ciki a wancan zamani.

Jagoran dare zai iya jefo sunan ɗaya ko biyu cikin waɗannan don cika alƙawarin talla, minti biyar an wuce. Mai son abin da gaske gara ya ware yini ya tafi tsibirin Djurgården, ya shiga Skansen, gidan tarihin fili da Artur Hazelius ya kafa a 1891 inda aka kwaso ainihin gidajen ƙauye daga sassan ƙasar aka sake kafa su, ka sunkuya ka shiga ɗakin katako mai duhu da ƙaramar taga ka ga murhu ka ga inda dabbobi ke kwana jikin mutane, sai ka gane dalilin da yasa mutum zai yarda akwai wani abu a rumbu. Nordiska museet, gidan tarihin al'adun ƙasar, ma yana nan kusa. In kuna da yawa, iyali ko abokai, ku haɗa kuɗi ku ɗauki jagora na kanku, ku faɗa masa tun farko almara kuke so ba kisan kai ba, in aka raba kuɗin ba wani tashin hankali bane kuma zaka yi tambaya yadda kake so.

Wani zaɓin da mutane basu cika sani ba shi ne unguwar Södermalm, tsallaken mashigar Slussen daga tsohon gari, inda wasu ke yin yawo kan shari'ar mayu. Tsakanin 1668 da 1676 ƙasar ta rikice da zargin maita, yara ne ke ba da shaida wai an ɗauke su da dare an kai su Blåkulla wurin shaiɗan, a Torsåker a 1675 mutum 71 aka kashe rana ɗaya. Abin ya iso unguwar cocin Katarina a 1676, aka ƙona wata mata Malin Matsdotter da ranta, 'ya'yanta na cikinta ne suka ba da shaida a kanta, daga baya yaran unguwar suka fara amsa cewa ƙarya suke yi, shi ne abin ya mutu. Ni wannan ya fi tsaya min a rai fiye da duk wata farar mace, babu fatalwa ko ɗaya a ciki amma ya fi ban tsoro. Ƙarin daɗin unguwar, babban masallacin Stockholm yana nan dab da dandalin Medborgarplatsen, ka yi sallarka ka fito ka haɗu da rukuni.

Na manhajar waya kuwa, wanda zaka sa abin kunne kana bin taswira kai kaɗai, shi ya fi arha kuma ya dace da mai son tsayawa ɗaukar hoto, amma sanyi na cinye batiri, kuma lungunan nan masu tsayin bango suna rikita taswirar waya.

Lokaci ma kaya ne da kake saye. A watan Yuni rana bata faɗuwa sai wajen goma na dare kuma ko ta faɗi garin baya yin duhu sosai, kaga mutum da fitila rana tsaka yana ƙoƙarin tsorata ka ga masu shan ayis kirim suna wucewa, abin dariya yake komawa. A Disamba kuwa kafin uku na rana duhu ya fara, yanayin ya yi daidai amma tsayuwar awa ɗaya da rabi a kan dutse mai ƙanƙara ba wasa bace ga wanda jikinsa ya saba da zafin Kano ko Maraɗi, sai takalmi mai kauri da safa biyu da safar hannu. Oktoba zuwa farkon Nuwamba ya fi, duhu na zuwa da wuri sanyin bai kai intaha ba, sai dai tikiti na saurin ƙarewa a ƙarshen Oktoba. Ka duba harshen da za a yi yawon da shi don wasu ranakun da yaren Suwidin ne zalla, ka duba ko ana mayar da kuɗi in ka fasa, ka kuma duba shekarun yaran da suke karɓa don bayanin sare kai ba na ɗan shekara shida bane. Mai keken guragu ko ciwon gwiwa ya tambayi hanyar da za a bi, duwatsun ƙasan ba a daidaita suke ba ga hawa da gangara.

In kana da kwana biyu na banza kuma bazara ce, Visby a tsibirin Gotland ta cancanci kuɗin jirgin ruwa, awa uku da ɗan wani abu daga Nynäshamn. Ganuwarta ta dutse ta fi kilomita uku kuma har yanzu tana tsaye, a 1361 sarkin Denmak Valdemar ya karkashe manoman tsibirin wajen 1,800 a bakin ganuwar mutanen birni na ciki sun kulle ƙofa, an tono ƙasusuwansu wasu da sulkensu a jiki suna gidan tarihin garin. Akwai hasumiyar da ake cewa an gine wata budurwa a ciki da ranta don ta ci amanar gari saboda son sarkin. A makon bikin zamanin da da suke yi cikin Agusta masu yawon dare sun fi yawa, amma masauki ma a lokacin yake tsada, sai ka kama ɗaki tun da watanni.