Bota, margarin ko man shanu: wanne ya dace da kukis mai cakulan?

'Yar'uwa, kin ce kin yi kukis da bota sun baje sun haɗe a faranti, kin koma margarin sun kumbura sun yi laushin kek, shi ne kike tambaya ko man shanun da ake samu a Kasuwar Dole zai yi. Ukun duka suna yi. Sai dai ruwan da ke cikin kowanne daban ne, kuma zafin Damagaram ba iri ɗaya yake narka su ba.

Ga awon da za mu gwada su a kai: fulawa garam 250, mai garam 140, farin sukari garam 80, jan sukari garam 100, ƙwai ɗaya da gwaiduwa ɗaya, rabin cokalin shayi na bikarbonat, rabin cokalin shayi na gishiri, cakulan garam 200. Zai ba ki kukis wajen 20. Ana gasawa a digiri 180, minti 10 zuwa 12. In babu jan sukari, a goga mazarƙwaila a tankaɗe, ta wadatar. Ɗan tsamin da ke cikinta ne ke tayar da bikarbonat, ita ce kuma ke riƙe laushin tsakiya. Kada a sa kanwa a madadin bikarbonat, ƙarfinta ba ya awo kuma tana kawo bauri.

Bota ta kanti, mai kashi 82 cikin ɗari na mai, sauran kusan duk ruwa ne da ɗan furotin na madara. Wannan furotin ne ke soyuwa a obin ya ba da ƙamshi da jan baki, shi ya sa a ɗanɗano babu mai kama ta. Matsalarta ɗaya ce: tana narkewa tsakanin digiri 32 da 35, mu kuwa a watan Afrilu da Mayu zafi yakan haura 40. Ana so a buga ta da sukari tana wajen digiri 18 zuwa 20, wato in kin danna yatsa ya lotsa amma bai nutse ba, bai kuma fito da maiƙo yana ƙyalli ba. A lokacin bazara minti goma bayan fitowa daga firigo ya isa. In ta wuce nan, iskar da bugu ke shigarwa ba za ta zauna ba, kwaɓin zai narke a obin kafin ƙwai da fulawa su kama, abin da ya sami naki ke nan. Maganinsa: a mulmula kwaɓin tukuna, kowane curi garam 40, a sa a firigo aƙalla awa ɗaya, in ya kwana ma ya fi. Kuma kada a jera sabon zubi a farantin da ya fito daga wuta yanzu, a bar shi ya huce.

Margarin iri biyu ne, a nan mutane da yawa ke faɗawa. Akwai mai tauri na gashi, wanda mansa ya kai kashi 80, akwai kuma mai laushi na roba da ake shafa wa burodi, wanda mansa kan sauka zuwa kashi 60 ko ƙasa. Duba jikin robar, an rubuta. Abin da ya ragu na mai ruwa ne ya cike shi, ruwan nan kuwa yana jiƙa fulawa ta yi danƙo, ya zama tururi ya ɗaga kwaɓin, sai kukis su fito da kumburi babu ƙaras-ƙaras a gefe. Mai taurin ya fi bota jure zafi, ba ya bajewa sosai, ya fi araha, shi ya sa masu yi na sayarwa suka fi son sa. Amma ƙamshinsa ba ya kai wa ko'ina, kuma yakan bar ɗan maiƙo a dasashi. Yawancinsa da gishiri yake zuwa, sai a rage na awo zuwa rabi.

Man shanu kuwa sai an yi masa shiri. Ɗanyen da Fulani ke kawowa a dunƙule cikin ƙwarya yana ɗauke da nono da ruwan da ba ki san yawansu ba, ga tsami, don haka awo ba zai tsaya ba. Soyayyen kasuwa kuma sau da yawa da albasa ake soya shi. A miyar kuka alheri ne, a cakulan masifa. Ki sayi ɗanye ki soya da kanki a ƙaramar wuta, ba tare da komai ba, har kumfa ta kwanta, tsakin ƙasa ya yi ja-ja bai ƙone ba, sannan ki tace ki bar shi ya huce. Yanzu kin sami mai zalla, babu ruwa. In kika zuba garam 140 kamar bota, kukis za su yi maiƙo su riƙa marmashewa a hannu, don babu ruwan da zai narkar da sukari ya haɗa fulawa. Ki zuba garam 115, ki cike da madara babban cokali biyu ba cikakku ba. Ba a buga shi don iska, a gauraya shi da sukari da ƙwai minti biyu kawai, a sa fulawa, a ba shi awa biyu a firigo. Zai fito da ɗan nauyi da tauna, da ƙamshin da wasu ke so ƙwarai, wasu kuma su ce ya danne cakulan.

Mu dai a ganinmu, na gida ko na baƙi, bota ce in kina da firigo da wuta ta zauna, musamman lokacin ɗari, Disamba da Janairu. A bazara, ko in za a kai shago su wuni, a raba biyu: bota garam 70, margarin mai tauri garam 70. Man shanu shi ne na wadda ta saba da ƙamshinsa. Na roba a bar wa burodi.

In babu firigo, a rufe kwanon kwaɓi a ɗora shi kan ƙanƙarar leda cikin kula, a yi gashin bayan asuba kafin rana ta ɗaga. Cakulan ɗin ma a wajen digiri 34 yake narkewa, sai a daddatsa baƙin cakulan, irin mai faɗi kamar allo, yana da sanyi, girman wake, a zuba shi ƙarshe. A cire faranti daga obin lokacin da gefe ya yi ja tsakiya kuma tana kamar ba ta gama ba, a bar su minti biyar a kai kafin a ɗaga, zafin farantin ne zai ƙarasa su.