Sadda Haq ko Diya Aur Baati Hum: wanne za ki kunna wa ƙanwarki?

Yar'uwa, kin tambaya wanne daga cikin wasannin Indiya biyun nan ya fi dacewa da ƙanwarki mai son karatun injiniya, ga 'yan gida suna ta yi mata maganar aure. Ni Sadda Haq nake ba ki shawara.

Sadda Haq ya fara fita a tashar Channel V ta Indiya a watan Nuwamba 2013, ya ƙare a 2016. Harshita Gaur ce ta fito a matsayin Sanyukta, yarinyar da ta zana jarrabawar shiga kwalejin injiniya ta FITE ba da sanin mahaifinta ba, ta kuma shiga ajin injiniyan kanikanci da maza suka mamaye. Abin da ya sa nake ƙaunarsa shi ne ana ganinta tana aikin da gaske: hannu cikin baƙin mai, ana kwance inji ana ɗaurawa, malami yana tsawa, maza suna zuba ido su ga ta gaza. Yarinyar da ta kalli wannan za ta san cewa burin yana da gumi, kuma mace na iya ɗaukarsa. Mahaifin Sanyukta ma ba dodo aka mai da shi ba. Ɗan kasuwa ne da ya yi imani cewa kamfani na ɗa namiji ne, 'ya mace kuma sai ɗakin miji.

Diya Aur Baati Hum kuwa na tashar Star Plus ne, daga 2011 zuwa 2016, kashi sama da 1,400. Sandhya tana son zama babbar jami'ar 'yan sanda, sai aka aurar da ita ga Sooraj, mai sana'ar alawa a garin Pushkar da ke jihar Rajasthan, wanda bai yi zurfi a karatu ba. Shi ne ya tsaya mata har ta cika burinta, duk da adawar surukarta. Labarin yana taɓa zuciya, amma yawancinsa a tsakar gida yake, kuma karatun yana ɓacewa cikin rigimar dangi.

Inda Diya ya fi Sadda Haq shi ne wajen namijin. Sooraj mutumin kirki ne tun farko. Randhir na Sadda Haq, abokin karatun Sanyukta, wanda Param Singh ya fito a matsayinsa, ya shigo da raina mata, yana ci wa Sanyukta mutunci, daga baya aka juya abin ya zama soyayya. Wannan yana damuna sosai, domin 'yan mata suna iya ɗauka cewa wulaƙanci alamar so ne.

Saboda haka ki zauna ku kalli Sadda Haq tare, idan an zo kan halin Randhir ki tsayar ku yi magana. Diya kuma ki kunna shi a falo lokacin da su Baba da yayyenku maza suke zaune, don su ga yadda Sooraj ya riƙe matarsa.