Littafin hotuna ko littafin atisaye: wanne ya fi wa mai fara koyon Word da Excel?

Ga waɗanda ba su ga tambayar ba, wata 'yar'uwarmu ce ta sami aikin ofis, ana so ta iya Word (manhajar rubutu) da Excel (ta lissafi) da ɗan abin da ba a rasa ba na PowerPoint (ta gabatar da bayani). Littattafai biyu ne a gabanta, kuma guda za ta ɗauka. Na farko siriri ne, kowane shafi hoton fuskar kwamfuta ne da kibiyoyi da lambobi: danna nan, sannan ki danna can. Na biyu mai kauri ne, bayani ya fi hoto yawa, kowane babi yana ƙarewa da aikin yi, kuma akwai fayilolin gwaji da ake saukewa daga intanet.

Malama, ni dai mai kaurin zan ce ki ɗauka. Amma siririn ba abin yarwa ba ne, akwai wanda shi zan miƙa masa babu kokwanto, kuma akwai sharaɗi guda da zai iya rushe shawarata gaba ɗaya. Da shi zan fara.

Ki juya bayan kowane littafi ki ga a kan wace siga ta manhajar aka rubuta shi, sannan ki duba wadda ke kan kwamfutar da za ki yi aiki da ita. A Word ko Excel na 2013 zuwa sama, ki danna File, sannan Account, sunan sigar zai fito. Abin da ya sa na nace a kan wannan shi ne, a 2007 kamfanin Microsoft ya kawar da tsohon tsarin jerin umarni masu zubowa ƙasa, ya kawo ribon, wato faffaɗan zirin maɓallan nan da ke saman fuska. Duk littafin da aka rubuta a kan Office 2003 ya zama tarihi. Hatta alƙalumansa sun daina aiki: zai ce miki takardar Excel layuka 65,536 take ɗauka, alhali tun 2007 ta koma 1,048,576. A 2010 aka sake taɓa fuskar, kalmar File ta maye gurbin wani kewayayyen maɓalli da ke kusurwar hagu. Daga nan zuwa sigogin 2016 da 2019 da 2021 da 2024 ba a yi wani gagarumin sauyin fuska ba, don haka littafin 2016 zai iya kai ki nesa a kan 2021. Microsoft 365 kuwa, wanda ake biyan kuɗinsa wata-wata ko shekara-shekara, shi kullum cikin sabuntawa yake, ba ya jiran a buga littafi.

A nan bambanci na farko yake, wato yadda kowannensu ke tsufa. Littafin hotuna jarinsa kaf hoto ne. Ranar da aka matsar da maɓalli ko aka canza masa kama, ya zama bebe. Na taɓa zama kusa da wani dattijo mai koyo, littafi a buɗe gefen kibod, yatsansa na hagu a kan hoton, hannun dama a kan linzami. Kewayayyen maɓallin nan na 2007 yake nema a kwamfuta mai sigar 2016. Ya duba littafi, ya duba fuska, ya cire tabarau ya goge ya mayar. Da na leƙa, sai ya ce mini cikin ƙasa da murya wai ya ga alama ya taɓa wani abu ya ɓata. Abin da ya ba ni tausayi ke nan, bai zargi littafin ba, kansa ya zarga. Littafin atisaye shi ma hotunansa suna tsufa, amma tunda ya gaya miki sunan umarnin da abin da yake yi, ko an sauya masa mazauni za ki lalubo shi. A sigogin 2016 zuwa sama ma akwai akwatin bincike, ki danna Alt da Q tare ki rubuta sunan abin da kike so.

Inda siririn ya yi zarra kuwa shi ne makon farko. Wanda bai taɓa riƙe linzami ba, wanda ke tsoron kada ya danna abu kwamfuta ta lalace, ba ya bukatar dogon bayani. Yana bukatar ya ga hoto, ya yi abin da hoton ya ce, ya ga abin ya faru. Gani ya kori ji. Haka ma wanda Turancinsa bai yi ƙarfi ba, kibiya ba ta bukatar tafinta. In da kin ce mini ba ki san yadda ake buɗe fayil ko adana shi ba, da siririn zan ce ki fara da shi. Amma yadda kika rubuto tambayarki ya nuna kin wuce wannan matakin.

A Word, duka biyun za su koya miki ƙara wa rubutu kauri, canza girman haruffa, saka hoto da jadawali. Ba a nan gizo ke saƙar ba. Ki buɗe kowannensu ki nemi inda ya yi maganar kanun rubutu. Littattafan hotuna da yawa za su nuna miki ki zaɓi kan maganar, ki ƙara masa girma, ki yi masa kauri, shi ke nan. A ido ya yi kyau. Amma ranar da shugabanki ya ba ki rahoto mai shafi arba'in ya ce yana son jerin abubuwan da ke ciki da lambar shafin kowanne, za ki zauna kina bugawa da hannu, kuma da an ƙara sakin layi guda a tsakiya duk lambobin sun goce. Littafin kirki zai sa ki ɗora wa kowane kan magana salon Heading 1 ko Heading 2 tun farko, sai Word ya haɗa miki jerin da kansa, ya kuma gyara lambobin duk lokacin da kika ce ya sabunta. Irin wannan ne batun shiga sabon shafi. Mai koyo ta hanyar kwaikwayo Enter yake ta dannawa har sai ya faɗa shafi na gaba, da an taɓa rubutun sama kuwa komai ya tarwatse. Ctrl da Enter sau ɗaya sun gama aikin. Sai kuma haɗa wasiƙa guda da jerin sunaye don ta fita da sunan kowa daban, aikin da ofisoshi ke yawan bukata. Shi ba ya zama a kai sai an yi shi da fayil na gaske, hoto kaɗai ba ya wadatarwa.

Excel ne ya sa na karkata ga mai kaurin, kuma a nan zan ɗan daɗe. Word kina ganin kuskurenki da ido. Excel zai iya ba ki amsar da ba daidai ba cikin tsari mai kyau, ki miƙa wa shugabanki ba ki sani ba.

Ga misali. A ce kina da lambobi goma daga akwatin B2 (ginshiƙin B, layi na 2) zuwa B11, jimillarsu tana B12, kina son sanin kason kowanne. A C2 kika rubuta =B2/B12, amsa ta fito daidai. Sai kika ja fomular ƙasa don ta cika sauran layukan, nan take C3 ya nuna #DIV/0!, haka duk na ƙarƙashinsa. Me ya faru? Da kika ja, Excel ya zame da adireshin duka biyu, fomular ta koma =B3/B13, B13 kuwa babu komai a cikinsa, ba a kuma raba lamba da sifili. Maganin shi ne ki ƙulle adireshin jimillar da alamar dala, =B2/$B$12, ko ki haskaka B12 a cikin fomular ki danna F4. Littafin hotuna zai nuna miki fomular da alamar dalarta a ciki ya ce ki kwafa. Za ki kwafa, za ta yi aiki, amma karatun aku ne, gobe da jimillar ta koma D20 kin rasa ta inda za ki kama. Littafin atisaye mai kyau barin ki yake yi ki faɗa ramin da kanki, sannan ya gaya miki dalili. Wanda ya taɓa faɗawa ba ya mantawa. Kuma wannan kuskuren ma mai sauƙi ne tunda ya yi ihu. In da akwai wata lamba a B13, da shiru za ki ji, amsa ta fito a karkace.

Akwai ire-irensu da dama da nake so ki nema a cikin littafin. Me ya sa akwati ke cika da alamar ##### (ginshiƙin ne ya yi ƙunci, a faɗaɗa shi kawai)? Me ya sa sifilin farkon lambar waya ke ɓacewa (Excel ya ɗauke ta lambar lissafi, sai an mayar da akwatin na rubutu)? Me ya sa lamba mai tsawon da ya haura alƙalami 15 ƙarshenta ke komawa sifili? Littafin da ya taɓo waɗannan, marubucinsa ya zauna da masu koyo. Sannan ki lura da batun XLOOKUP, fomular nemo bayani a cikin jadawali. Sabbin littattafai shi suke koyarwa maimakon tsohuwar VLOOKUP mai irin wannan aiki, kuma gaskiya ya fi sauƙi, amma babu shi a Excel 2016 da 2019, sai 2021 zuwa sama da Microsoft 365. In kwamfutar ofishinku tsohuwar siga ce, wannan babin ba naki ba ne tukuna.

PowerPoint ba sai na ja ba. Kowanne daga cikinsu ya isa, siririn ma zai fi sauri.

Kada in yi wa mai kaurin kwalliya fiye da ƙima, yana da nasa aibin. Na farko, yana kashe gwiwa. Mutane da yawa a babi na uku suke ajiye shi, ya koma abin tokare ƙofa. Maganin shi ne kada ki karanta shi daga bango zuwa bango, ki buɗe kwamfuta, ki yi babi ɗaya, ki tsallake duk inda marubuci ya shiga dogon sharhi. Na biyu, rabin amfaninsa a fayilolin gwajin yake, kuma na sha ganin adireshin saukewar ya mutu bayan 'yan shekaru. Ki gwada adireshin a wayarki kafin ki ɗauka. In ya mutu, shawarata ta yi rauni sosai, domin za ki ɓata lokaci kina buga bayanan gwaji da hannu. Na uku, wasu masu kaurin ba littattafan koyo ba ne sam, kundin dubawa ne da ke lissafa kowane maɓalli bi da bi. Alamarsu ita ce babu aikin yi a ƙarshen babi. Irin wannan na wanda ya riga ya iya ne.

Wasu ƙananan abubuwa kuma duka littattafan biyu suna iya yin shiru a kansu. In kwamfutar Mac ce, mafi yawan inda littafi ya ce Ctrl, Command za ki danna. In an saita kwamfutar a tsarin wasu ƙasashe, fomula ba za ta karɓi waƙafi tsakanin sassanta ba, sai waƙafi mai ɗigo. In Excel ɗin na Faransanci ne, sunayen ma sun canza: SUM ya zama SOMME, VLOOKUP ya zama RECHERCHEV.

Ki kuma tabbatar Microsoft ɗin ne a ofishin naku. Wasu wuraren LibreOffice suke amfani da shi, manhajar kyauta da ta ɓalle daga OpenOffice a 2010, mai Writer da Calc da Impress a madadin Word da Excel da PowerPoint. Wasu kuma Google Docs da Sheets. A irin wannan hali littafin hotunan Word kusan ba shi da amfani, domin fuskar daban ce. Amma abin da mai kaurin ya koya miki yana bin ki: alamar dala a fomula da salon kanun rubutu aiki iri ɗaya suke yi a duka ukun. Masu LibreOffice ma suna da jagororinsu na PDF da ake saukewa kyauta. In kuma burinki takardar shaidar iya manhajojin ofis ce irin MOS ko ICDL, ki sani jarrabawar MOS ta Microsoft aiki ake ba ki ki yi a cikin manhajar, don haka hannun da ya saba da atisaye shi ke cin riba.

In littattafan suna hannunki yanzu, ga gwajin minti biyar. Ki buɗe fihirisar bayan kowanne ki nemi abu uku: inda aka yi bayanin alamar dala a fomula, inda aka yi bayanin salon kanu, da inda aka nuna yadda ake janye kuskure da Ctrl da Z. Wanda ba shi da fihirisa ma ya faɗi tun a nan, domin bayan wata guda ba karanta littafin za ki riƙa yi ba, dubawa za ki riƙa yi in kin maƙale.

Abu ɗaya da nake da yaƙinin ba za ki samu a ko ɗaya daga cikinsu ba shi ne haruffanmu masu lanƙwasa. A Word na Windows, ki rubuta 0199 sannan ki danna Alt da X tare, zai rikiɗe ya zama ƙ. Lambar 0257 tana ba da ɗ, 0253 tana ba da ɓ. Manyansu kuwa 0198 da 018A da 0181. In harafin a tsakiyar kalma zai zo, ki haskaka lambar ita kaɗai kafin ki danna, kada Word ya haɗa ta da harafin da ke gabanta ya fito miki da wani abu daban. Ki rubuta su a cikin bangon duk littafin da kika ɗauka.