Abin da na gani cikin wata uku ina aron kwamfutar hannu daga ɗakin karatu

Sau huɗu na ari kwamfutar hannu, wadda mutane suka fi kira tabulet, daga ɗakin karatun da nake mamba a cikinsa, kuma duka a cikin wata uku ne. Dalilin da ya kai ni shi ne kwamfutata ta lalace a daidai lokacin da nake tattara bayanai domin rubuta aikin kammala wani kwas, ga takardun bincike masu yawa da wayata ba ta iya nuna su yadda ido zai huta. Yanzu da aikin ya ƙare, na ga ya dace in rubuta abin da na tarar, domin mai niyyar ara ya san abin da zai samu, masu kula da ɗakunan karatu kuma su ji daga bakin wanda ya riƙe na'urar da hannunsa.

Ɗakin karatun yana da tsari iri biyu. Akwai na'urorin da ake amfani da su a cikin ginin kawai na ƴan sa'o'i, akwai kuma waɗanda ake tafiya da su gida na mako biyu, a sabunta sau ɗaya idan babu mai jira. Na biyun na zaɓa. Na nuna katina, na sa hannu a takardar yarjejeniya, sannan ma'aikaciyar ta kunna na'urar a gabana, ta karkata fuskarta zuwa hasken taga, ta nuna mini ƙarzuwa biyu a kusurwar hagu, ta rubuta su a takardar kafin ta miƙo mini. Ta ce, "Malam, duba da kyau, abin da ba mu rubuta yau ba kai za a tambaya ranar da ka dawo da ita." Na ji daɗin wannan tsantseni, domin ya kare ni kamar yadda ya kare su. An haɗa mini da jaka, da caja, da wayar caji, kowanne da lambarsa. A wasu ƙasashe na'ura ce ke yin wannan aiki. Kamfanin Hublet na ƙasar Finlan, alal misali, yana ƙera wata ma'ajiya da mutum zai nuna mata katinsa ta sakar masa tabulet, idan ya mayar kuma ta goge bayanansa ta yi caji da kanta. A inda na ara, komai yana hannun ma'aikata, kuma wannan ne ya haifar da mafi kyawun abin da na gani da kuma mafi muninsa.

A wajen karatu, ba ni da abin cewa sai yabo. Fuskar na'urar ta kai inci 10, kuma bambancinta da waya ya fi fitowa a takardun PDF, waɗanda shafinsu a ƙayyade yake kamar na littafin da aka buga. A waya sai mutum ya yi ta ja da matsawa kafin ya karanta layi ɗaya na jadawali, har ya manta kan ginshiƙin da yake bi, amma a nan shafi guda yana fitowa cikakke, da jadawalinsa da ƙananan bayanan ƙasan shafi. Littattafan lantarki masu tsarin EPUB kuwa rubutunsu yana bin girman da aka zaɓa masa, kuma a nan ne na ga amfanin da ban yi tsammani ba. Mahaifina ya daɗe da rage karatu saboda idonsa ya yi rauni. Wata rana da dare na ƙara girman haruffa har kalmomi biyar ko shida suka cika layi, na mayar da bayan shafin launin ƙasa-ƙasa, na ce, "Baba, gwada wannan." Ya karɓa da hannu biyu, ya ɗan nisanta ta daga fuskarsa, ya yi shiru yana karantawa kusan rabin sa'a, sai da ya kai ƙarshen babi sannan ya tambaye ni yadda ake juya shafi baya. Abin da na lura da shi kawai shi ne hasken fuskar yana gajiyar da ido idan an daɗe, ba kamar na'urorin karatu irin su Kindle ba, waɗanda tun fitowarsu a 2007 suke amfani da fuska mai kama da tawada a kan takarda.

Abin da ya ba na'urar daraja a wurina shi ne abin da ma'aikatan suka zuba mata tun kafin ta iso hannuna. Sun sa Libby, manhajar aron littattafai da kamfanin OverDrive ya fitar a 2017, sun sa hanyar shiga Project Gutenberg, taskar da Michael Hart ya fara a 1971 wadda yanzu take ɗauke da littattafai kyauta sama da 70,000, sun kuma sa Kiwix, wadda take ba mutum damar karanta Wikipedia ba tare da intanet ba. Wannan ta ƙarshe ta yi mini rana sau da yawa. Sai dai na yi mamaki ranar da na nemi wani littafi aka ce in shiga layi, mutum tara suna gabana, alhali littafin na lantarki ne. Da na tambaya, ma'aikaciyar ta bayyana mini cewa ɗakin karatu lasisi yake saye, kuma galibin lasisin mai karatu ɗaya yake amincewa da shi a lokaci guda, kamar dai kwafin takarda. Wasu lasisin ma ƙarewa suke yi. Tun a 2011 kamfanin HarperCollins ya ƙayyade cewa bayan aro 26 sai an sake sayen lasisin littafinsa. Wanda ya san haka zai yi rajistar littattafan da yake so tun kafin ranar karɓar na'urar, kada mako biyunsa su ƙare yana jira. Littattafan Hausa kuwa ban samu ko ɗaya a manhajar aron ba, kuma wannan giɓi ne da ya dame ni ƙwarai, domin mutane irin mahaifina da yawa da harshensu suka fi son karatu.

A wajen rubutu, na'urar ba ta gamsar da ni ba. Madannan da ke fitowa a fuska suna cinye kusan rabin shafi, kuma rubuta sakin layi uku a kansu ya fi rubuta shafi biyu a kwamfuta wahala. Da farko ma babu haruffa masu lanƙwasa, wato ɓ da ɗ da ƙ da ƴ, kuma an kulle na'urar yadda mai aro ba zai iya ƙara manhaja ko sauya saiti ba. Na kai kuka, aka ƙara Hausa a Gboard, wato manhajar madannan da ke kan na'urar, cikin minti biyar, aka kuma ce za a yi wa sauran na'urorin haka. Duk da wannan gyara, a kwamfutocin tebur na cikin ɗakin karatun na buga aikina, tabulet kuma ta tsaya a matsayin abin karatu da ja wa muhimman wurare layi.

Babban abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne abin da ya faru a aro na biyu. Da na isa gida na buɗe manhajar imel, sai na tarar da akwatin wanda ya riga ni aro a buɗe, saƙonninsa suna shigowa, a ma'ajiyar hotuna kuma akwai hoton katin shaidarsa da na wasu takardun makaranta. Ban karanta komai ba, na kashe na'urar, washegari da safe na mayar da ita. Shugaban sashen ya karɓi maganar da muhimmanci, ya ba da haƙuri, ya ce ranar an yi cunkoso ne aka miƙa na'urar ba tare da an goge ta ba. Na yarda da bayaninsa, amma hankalina bai kwanta ba, domin da wani ne ya same ta da zai iya sauya kalmar sirrin mutumin, ya shiga duk wani asusu da ke haɗe da wannan imel. Ɗakin karatu wuri ne da aka san shi da rufa wa mai karatu asiri a kan abin da ya karanta, kuma na'urar da ke ɗauke da saƙonni da hotunan mutum ta fi rajistar aron littafi buƙatar wannan amana nesa ba kusa ba. Akwai manhajojin kula da na'urori daga nesa waɗanda ke mayar da tabulet yadda take tun farko da zarar an dawo da ita, kuma a ganina bai kamata a fara ba da aro ba sai an tanadi irinsu, domin aikin da ya dogara da tunawar ma'aikaci a ranar cunkoso wata rana sai an manta shi. Shi ma mai aro yana da nasa nauyin. Ya fita daga duk asusun da ya shiga kafin ya mayar, musamman na Google ko na Apple, domin tsarin hana sata da ke cikin na'urorin, irin wanda Apple ya shigo da shi a 2013, yana iya kulle na'urar a kan asusun da aka bari a ciki, har su kansu ma'aikatan su sha wahala kafin su buɗe ta.

Gogewar tana da nata ciwon, kuma na ɗanɗana shi a aro na farko. Duk layukan da na ja da bayanan da na rubuta a gefen takardu sama da ashirin sun tafi, saboda a cikin na'urar na adana su. Babu wanda ya gargaɗe ni, kuma takardar yarjejeniyar ba ta ambata ba. Daga nan na koma tura wa kaina komai ta imel a daren da zan mayar. Layi biyu a jikin jakar da sun isa su hana wannan asara.

Batir ya bambanta daga na'ura zuwa na'ura. Uku daga cikin huɗun sun kai ni yini guda ina karatu, ɗaya kuwa ba ta wuce sa'a uku, alamar batirinta ya tsufa, kamar yadda batirin lithiyam yake yi bayan an yi masa caji ɗaruruwan lokuta. Babu gurbin layin waya a cikinsu, saboda haka wanda ba shi da intanet a gida dole ya sauke duk abin da yake buƙata kafin ya bar ginin. Wasu ɗakunan karatu sun magance wannan ta hanyar haɗa na'urar da ƙaramin akwatin intanet. Ɗakin karatun jama'a na birnin New York ya fara ba da aron irinsa a 2014, kuma a 2021 gwamnatin Amurka ta ware dala biliyan 7.17 domin makarantu da ɗakunan karatu su sayi na'urori da hanyoyin intanet ga masu buƙata. Ba kowane ɗakin karatu ne ke da irin wannan gata ba, shi ya sa na ƙara ganin hikimar waɗanda suka sa Kiwix.

Sharaɗin da ya fi tsorata ni shi ne biyan cikakken kuɗin na'urar idan ta fashe ko ta ɓata. Na fahimci dalilinsa, amma waɗanda suka fi buƙatar aron su ne waɗanda ba za su iya saye ba, kuma na ga wata ɗaliba ta karanta wannan sharaɗi ta ajiye takardar ta fita. Da an sa wa na'urorin riga mai kauri da gilashin kariya, aka kuma bambanta tsautsayi da sakaci, da ba ta tafi hannu rabbana ba.

Ga mai son karatu, da ɗalibin da ke fama da takardun PDF, da dattijon da ƙananan haruffa suka raba shi da littafi, ina ba da shawarar su ara, su kuma buɗe imel da ma'ajiyar hotuna a gaban ma'aikaci kafin su bar wurin. Mai dogon rubutu ya nemi kwamfutar tebur. Ni dai na sake sa sunana a layi saboda mahaifina, mutum shida ne a gabana, kuma na bar wa shugaban sashen sunayen littattafan Hausa goma da nake roƙon a nemo.